Baƙin Mai a Birkin Baya

Ni da Baffa, ƙanin mahaifina, ba mu taɓa samun saɓani ba sai a kan birkin mota. Shi ya riƙe ni tun ina aji biyu na firamare da mahaifina ya rasu, kuma har na haura arba'in ban taɓa ɗaga masa murya ba. Sau ɗaya na ɗaga, a ƙofar zaurensa a garinmu Fassi, a gaban mutane. An ce na yi rashin kunya, an ce boko ne ya hau min kai, wasu dattijan har yau da ƙyar suke amsa gaisuwata. Na gaji da jin labarin a bakin waɗanda ba su ga komai ba, shi ya sa zan faɗe shi yadda ya faru, har da inda laifin yake nawa.

Koyarwa nake yi a wata sakandare a Rano, can nake zaune da matata da 'yarmu guda, wadda a lokacin ba ta cika shekara huɗu ba. Motata tsohuwa ce 'yar Kwatano, ta sha hannu kafin ta zo nawa, amma tana kai ni inda zan je. Da kaka ta shigo sai ta tsiro da wani kuka ta baya duk lokacin da na taka birki, ƙara mai shiga haƙori, har ɗalibai suna sanin na iso tun ban shigo makaranta ba. Na kai ta gareji. Bakaniken ko durƙusawa bai yi ba, ya ce tsakuwa ce ta maƙale, za ta fita da kanta. Ba ta fita ba. Na koma, ya wuni da motar, ya ce ya sa sababbin takalman birki. Sati uku kukan ya dawo, ya ma fi na da. Da wani abokin aikina da ya san mota ya leƙa min, sai ya ce tsofaffin takalma ne aka liƙa wa fata aka shafe su da fenti. Ranar na ce babu bakaniken da zai ƙara taɓa min birki, ko da kuwa zan koma tafiya a ƙasa.

Na shiga Kano na sayo takalma sababbi dal a kwalinsu. Na yi kwanaki ina kallon yadda ake aikin a waya, ina tsayarwa ina komawa baya, har matata ta ce ko jarrabawa zan rubuta. Abin ba wani tsafi ba ne. A bayan kowace taya akwai faifan ƙarfe da yake juyawa tare da ita, sai takalma biyu, waɗanda kanikawa ke cewa fad, da suke matse faifan ta gefe da gefe idan an taka birki. Birkin hannu ma a motata su yake ja. Duk aikinsu shi ne su kama faifan a bushe, su hana shi juyawa.

Gidan da nake haya a Rano a lungu yake, babu inda mutum zai miƙe ƙafa balle ya baje kayan aiki. Sai na ce ran Asabar in tafi gida Fassi, akwai fili a ƙofar gida da inuwar darbejiya, in gaida Inna mahaifiyata, in yi aikina a natse. Da na san abin da zai biyo baya, da a tsakiyar titi na yi shi.

Dole in faɗi wanene Baffa, don kada wani ya ɗauka tsoho ne mai shisshigi kawai. Shi ne mai gyaran unguwarmu tun kafin a haife ni. Amalanken shanu, garma, keke, injin markaɗe, famfon burtsatse, ƙyauren da ya ƙi rufuwa, duk wurinsa ake kawowa, kuma har daga garin Tarai ana zuwa ɗaukarsa. Da wannan hannun ya ciyar da mu ya kai ni makaranta. Yana da wani gwangwanin madara da yake tara baƙin mai a ciki, irin wanda ake juyewa daga inji, da gashin zabuwa guda da yake tsomawa ya shafa. A wurinsa duk ƙarfen da ya yi kuka mai yake nema, kuma shekara da shekaru bai ji kunya ba, don amalanke da keke haka suke. Amma tsufa ya zo, hannu ya fara rawa, samari suka koma kai baburansu Kibiya. Sai ya zama kullum yana zaune a ƙofar zaure da kayan aikinsa a gefe, wani lokacin a yi sati babu wanda ya kawo ko fitila.

Saboda haka da ya ga na fito da jak da sifanu daga but ɗin mota, fuskarsa ta washe. Ya jawo tabarmarsa kusa da motar ya zauna.

Na tokare tayoyin gaba da duwatsu, na sassauta notuna, na ɗaga gefe guda. Jak ɗaya gare ni, sai Baffa ya sa aka mirgino wani tsohon turmi da guntun kututture aka tallafe motar da su, kuma gaskiya dabarar ta yi. Na cire tayoyin baya duka biyu. Na kwance ƙusoshi biyun da ke riƙe da gidan takalman, na ɗaga shi, na zaro tsofaffin. Ɗaya ya cinye har ƙarfe ya fito, shi ne mai kukan. Na miƙa wa Baffa ya juya shi yana girgiza kai, ya tsine wa kanikawan zamani, ni ma na taya shi.

Wurin mayar da fistin ciki, wato ƙarfen da yake turo takalmin, don sabon ya samu wurin zama, nan muka fara saɓawa. Baffa ya ce in sa katako in buga da guduma. Na ce wannan ba a buga shi, murɗa shi ake yi a hankali kamar murfin kwalba. Ya ce shi bai taɓa ji ba. Na sa bakin filaya na dinga murɗawa ina dannawa, gumi yana zuba a idona, filayar ta kuɓuce ta ɓare min fatar yatsa, amma a ƙarshe fistin ya shige. Baffa ya ce, "To, Allah ya yi maka albarka," cikin muryar wanda aka ƙwace wa aiki.

Da na buɗe kwalin na zaro sabon takalmi zan sa, ya miƙo hannu ya karɓa, ya shafa fuskarsa da babban yatsa.

Ya ce, "A bushe za ka sa shi?"

Na ce, "Haka ake sa shi, Baffa."

Ya ce, "Ƙarfe da ƙarfe, babu ko ɗigon mai?"

Na ce, "Haka ake sa shi."

Iyakar abin da na faɗa ke nan, ko kallonsa ban yi ba. Ni da nake tsayuwa gaban aji ina maimaita abu sau biyar saboda yaro ɗaya bai gane ba, ban iya ba wa Baffa jimla biyu ba. Na gaji, yatsana yana zugi, kuma a raina gani nake yi wa dattijo bayani tamkar ce masa bai sani ba ne. Ya ce, "Uhm," ya miƙo min takalmin.

Na haɗa gefen dama, na haɗa na hagu, na shiga na tattaka birki har ya yi tauri. Saura mayar da tayoyi. A nan na lura noti ɗaya haƙoransa sun cinye, yana juyawa ba ya kamawa. Na ari babur ɗin maƙwabci zan je Kibiya in samo wani. Baffa ya ce in tafi, yana nan yana gadi, ko akuya ba za ta matso ba.

Ban fi awa guda ba. Da na dawo na tarar da motar a ƙasa a kan ƙafafunta huɗu, an mayar da turmi cikin gida, an tattara sifanu an jera su a kan buhu daga babba zuwa ƙarami. Baffa ya kira mutum biyu da suke dawowa daga gona sun ɗaga masa tayoyin, shi kuma ya ɗaure. Yana zaune yana goge hannu da tsumma, yana murmushi irin wanda na daɗe ban gani a fuskarsa ba. Raina ya ɗan sosu, amma na yi godiya. Na sa sabon notin, na bi sauran ɗaya bayan ɗaya na ƙara matsewa. Ban cire taya na duba ba. Me zan duba, ni na haɗa da hannuna?

Hanyar Fassi zuwa Rano ban ji komai ba, don birkin gaba shi ne mai yawan aikin, kuma ba gudu nake yi ba. Kukan ya ɗauke ɗif. Na shiga gida ina hura hanci, na ce wa matata daga yau ta dinga kirana injiniya.

Ran Talata bayan an tashi daga makaranta na ɗauko 'yata daga gidan da ake ajiye ta. Kafin mu yi nisa ta yi barci a kujerar baya. Na tsaya a gaban wani kemis zan karɓi maganin tari, wurin kuwa gangare ne, daga ƙasansa babban titi ne da manyan motoci suke wucewa da buhunan shinkafa. Batirina ya yi sanyi a kwanakin, in na kashe sai an tura, don haka na bar injin yana aiki, na cire giya, na ja birkin hannu har ƙarshe, na fita. Ina tsaye ina jiran a miƙo min magani na ji wata mata ta ƙwalla salati. Na juya na ga motata tana tafiya da baya, ita kaɗai, da 'yata a ciki.

Ban san yadda na tsallake tebur ɗin mai kemis ba. Na bi ta da gudu, takalmina ɗaya ya fita, na kama murfin ƙofa ya kuɓuce. Allah ne kaɗai ya sa sitiyarin a ɗan karkace yake, sai motar ta yi gefe, tayar baya ta faɗa kwata, ta tsaya a jirkice, taku kaɗan tsakaninta da titi. Yarinyar ta faɗo daga kujera, bakinta ya bugi ƙarfen ƙasan kujerar gaba. Da na ɗauko ta jini ya wanke mata riga, tana ihu tana kiran babarta. A asibiti aka ɗinke mata leɓen sama, ni na riƙe mata hannuwa, tana kallona tana roƙona in ce su bari.

Da la'asar sakaliya, bayan mutane sun taya ni fito da motar na lallaɓa da ita gida, na cire tayar baya a nan cikin lungu. Tun kafin in gani na ji warin. Faifan ya yi baƙi ƙirin yana sheƙi, sababbin takalmana sun jiƙe sharkaf, kuma ga ɗan guntun gashin zabuwa maƙale a gefen ƙarfe. Na cire ɗaya tayar, ita ma haka. An shafa shi da kyau, lungu da saƙo, aikin mutumin da ya san yadda ake shafa mai. Na zauna a ƙasa. Ban taɓa jin fushi irin na ranar ba.

Washegari na nemi izini a makaranta na hau acaɓa zuwa Fassi. Inna na fara tararwa a tsakar gida tana ɓarar gyaɗa. Na gaya mata komai a tsaye, ko zama ban yi ba. Ta yi salati, ta yi hawaye, ta tambayi jikin yarinyar. Da na juya zan fita zaure sai ta riƙe min riga.

Ta ce, "Ina za ka?"

Na ce, "Wurin Baffa."

Ta ce, "Ka ce masa me? Mutumin da ya ɗauke ka a kafaɗa ya kai ka makaranta? Ai ba da gangan ya yi ba. Allah ya tsare, sai a gode masa a yi shiru."

Na ce, "Inna, na san ba da gangan ya yi ba. Shi ya sa dole a gaya masa, don bai san abin da ya yi ba."

Ta ce ba bakina ne zai faɗa ba. Ɗa ba ya zaunar da uba ya ce ka yi kuskure, ba a yin haka a gidan nan, kuma ba a kaina za a fara ba. Ta ce in bar ta da shi. Ita matar wansa ce, akwai wasa a tsakaninsu, shekara arba'in suna tsokanar juna, abin da babu mai iya gaya masa ita tana faɗa a wuce wurin da dariya. Sannan ta kafa min sharaɗi: kada ya ji cewa yarinya tana cikin motar. Yana da hawan jini, ta ce, kuma yadda yake son jikar nan tasa zuciyarsa ba za ta ɗauka ba. Kada ma in kawo ta Fassi sai bakin ya warke.

Na zauna, don uwa ce. Ba a jima ba Baffa ya yi sallama ya shigo karɓar furarsa. Na durƙusa na gaishe shi ina kallon ƙasa.

Inna ta ce, "Kai, mijin nan nawa, ashe har motoci ka fara koya wa yawo? An ce man da ka shafa wa motar ɗanka ne ya sa ta kama hanya ita kaɗai a Rano, sai a kwata aka tsinto ta."

Baffa ya kwashe da dariya har furar tana neman zubewa. Ya ce, "Ke dai baƙin ciki kike yi, uwargida, kin ga har yanzu hannuna yana ci." Ya juyo wurina. "Tun da na taɓa ta, ta ƙara kuka?"

Na ce, "Ba ta ƙara ba, Baffa."

Ya ce, "To, kin ji. Mota ta gangara kuma sai a ce mai? Direba ne bai sa mata dutse ba. Mu ko amalanke muka tsayar a gangare sai mun tokare ta."

Inna ta ce, "Ai kai ba a kayar da kai a magana, tsoho mai taurin kai." Suka yi dariya su biyu, matan gida suka taya su. Ya sha furarsa ya fita. Inna ta kalle ni ta ce ai ya ji, haka manya suke, ba zai nuna ba amma ya shiga kunnensa.

Bai ji komai ba, kuma ita ma ta sani. An ɗauki maganar da ta kusa cin ran 'yata an mayar da ita abin dariya a kan fura, an ce min an gama. Na koma Rano ina jin kamar in fashe. Na yi fushi da Inna, na yi fushi da matan gidan da suka san gaskiya suka yi dariya, na yi fushi da kaina da na ce "ba ta ƙara ba, Baffa" kamar wani sakarai. A gida kuwa 'yata ba ta iya cin tuwo, sai kunu a cokali, in ya taɓa ɗinkin ta yi kuka. Matata ba ta ce min uffan ba a kan Baffa, surukinta ne, amma shirun nata ya fi min zagi ciwo.

Takalmin da ya sha mai ba ya wankuwa, sai dai a yar. Na sake shiga Kano na sayo wasu, na wanke faifan da fetur sau uku ina gogewa da tsumma mai tsabta, na haɗa komai ni kaɗai a cikin lungun nan, maƙwabta suna raɓawa ta gefena. Na kai motar gangaren kemis ɗin, na ja birkin hannu, na zauna a ciki da ƙafata a saman birki ina jira. Ta tsaya cak.

Asabar ta biyu bayan haka na tafi Fassi ni kaɗai, kamar yadda Inna ta ce. Tun daga nesa na hango a-daidaita-sahu, keken nan mai ƙafa uku, a ƙarƙashin darbejiya, an ɗaga bayanta a kan turmi, irin yadda aka yi wa motata. Ta wani maƙwabcinmu ce, da ita yake kwasar mata da kayansu zuwa kasuwannin Kibiya da Rano, wani lokacin mutum shida da buhuna a sama. An cire tayar baya, an buɗe gidan birki. Dattijai uku suna zaune a tabarma suna kallo. Baffa yana tsugune, gwangwanin a gabansa, gashin zabuwa a hannunsa yana ɗiga.

Mai keken ya taso da fara'arsa ya tare ni. Ya ce, "Yawwa, ga shaida ta zo. Baffa ya ce shi ya kashe wa motarka kukan birki, ni ma tawa ta ishe ni, na ce bari in kawo."

Daga nan ban sake tuna Inna ba, ban tuna dattijan da ke zaune ba. Na ce, "Baffa, ajiye gashin nan!" da muryar da nake yi wa 'yan aji in sun ƙure ni. Ya ɗago yana kallona, bai gane da shi nake ba. Na suri gwangwanin na yi jifa da shi, ya bugi katangar zaure, man ya yi tsiri a jikin bango.

Na ce, "Wallahi ba ka san birki ba! Amalanke ka sani, keke ka sani, wannan ba ka san shi ba! Birki ba ya son mai, mai kashe shi yake yi! Mata shida za ka tura cikin rami saboda a ce har yanzu kai ne mai gyara? Man nan naka ne ya kusa kashe min 'ya!"

Ɗaya daga cikin dattijan ya ce, "Kai, kai, ubanka ne fa." Na ce na sani, na fi kowa sani a nan. Baffa yana nan a tsugune, gashin yana hannunsa.

Ya ce, "Wace 'yar?"

Na gaya masa. Na gaya masa gangaren, da titin, da kwatar, da jinin, da ɗinkin, ban rage komai ba, kuma ban sassauta murya ba. Ina faɗa ina ganin yadda fuskarsa take sauyawa, amma na kasa tsayawa. Da na gama ya ce, "Tana ciki?" Na ce tana ciki. Ya ce, "Kuma kowa ya sani a gidan nan?" Ya dafa ƙasa ya miƙe a hankali, ɗaya daga cikin dattijan ya miƙa hannu zai taimaka masa ya ƙi, ya shige gida ya bar kayan aikinsa a wurin.

Gefe ɗaya na keken ya riga ya sha mai. Na ce wa mai shi ya hau babur ya je Kibiya ya sayo sababbin takalma, kada ya kuskura ya ɗauki ko kaza a ciki kafin nan. Na tsaya na taya shi wankewa da haɗawa. Dattijan suka naɗe tabarma suka watse, babu wanda ya yi min sallama. Inna kuwa ta ƙi fitowa daga ɗaki, ta cikin labule ta ce in tafi, na yi abin da nake so.

Washegari da hantsi muna gida a Rano muka ji sallama. Baffa ne a bayan ɗan acaɓa, shi da ya yi shekaru bai taka Rano ba saboda ciwon gwiwa. Ya sa babbar rigarsa ta Juma'a. Matata ta rikice ta shimfiɗa masa darduma. Ya ƙi ruwa, ya ce a kawo masa yarinyar. Ta zo da gudu ta faɗa jikinsa, tana jiran ya tsokane ta kamar kullum, ya ce amaryarsa ta yi muni ya fasa auren. Bai tsokane ta ba. Ya riƙe haɓarta da hannunsa, ya juya fuskar wajen haske, ya daɗe yana kallon tabon. Ya zaro dafaffen ƙwan zabi daga aljihu ya ba ta. Sannan ya juya wajen matata, surukarsa da ko haɗa ido ba sa yi, ya ce, "'Yata, ki yafe min." Ta rufe fuska da mayafi ta fashe da kuka.

Na raka shi ƙofa. Na ce bari in ɗauko mota in mayar da shi, ya ce ɗan acaɓan yana jira. Na durƙusa a nan cikin lungu zan ba shi haƙuri, ban ma san ta inda zan fara ba.

Ya ce, "Tashi, Malam. Gaskiya ka faɗa."

Tun ina yaro da sunan da ya raɗa min yake kirana, ko ya ce "kai ja'iri" in yana cikin nishaɗi. Kowa a Rano Malam yake ce min, ban taɓa jin kalmar ta yi min nauyi ba sai ranar.

Har yanzu ina fushi, ba zan ɓoye ba. Ina fushi da gidan da ya gwammace a yi kasada da ran mutane da a ɓata wa dattijo rai na minti biyar a cikin ɗaki, har abin ya kai ga an yi shi a bainar jama'a. Da za a mayar da ni ƙarƙashin darbejiyar nan in ga gashin yana ɗiga, sai na sake yin magana. Amma gwangwanin da na jefar, da zancen a ce shi ne mai gyara, waɗannan babu wanda ya sa ni, kuma su ne ba sa barina in ji daɗin gaskiyar tawa.

Na je na ba shi haƙuri ya fi a ƙirga, ni kaɗai, da Inna, har da liman na ɗauka sau ɗaya. Kullum amsarsa ɗaya ce, babu komai, Malam, ya wuce. Ba ya fushi, ba ya ƙin amsa gaisuwa, yana tambayar yarinya da mutanen gida. Duk Asabar ina zuwa Fassi. In na zo zan durƙusa a gabansa sai ya gyara zama, ya janye ƙafafunsa, ya matsa ya ba ni gefen tabarma, yadda yake yi wa baƙo.